Kunun Inna Balki

Inna Balki ba ta taɓa ganin mai tsoron abinci irin Kebba ba. Saurayi zabgege, cinyoyi kamar turmi, amma ka miƙa masa goro sai ya yi ta juya shi kamar an ba shi kunama. Shekara huɗu yana zaune a ɗakin ƙurya na gidanta a Harlem, tun ranar da mijinta Harouna ya ɗauko shi a tasi daga filin jirgi, ɗan Gambiya da jaka ɗaya da takalman gudu rataye a wuya. A bakinta ya koyi Hausa, shi ya sa ma yake cewa "mi" kamar haifaffen Maraɗi.

Gudu ne sana'arsa, gajeren nan na mita ɗari. Ya sa rigar ƙasarsa a Mosko, ya sa a Marrakesh, ya sa a Brazzaville, kuma kullum sai ya dawo da labarin wanda ya wuce shi da tsawon hanci. Olamfik ce kawai bai taɓa takawa ba. A shekarar 2016 yana dab da talatin, gwiwarsa ta hagu ta fara gunaguni, shi da kocinsa duk sun san in wannan ta wuce shi, to ta wuce har abada.

Balki kuwa shago gare ta: daddawa, kuka, yaji, turaren wuta, sannan a bayan kanta akwai magungunan gida. Rabin 'yan Afirkan unguwar maganinta suke sha. Kebba kaɗai ke ƙi, abin kuma yana ci mata rai.

"Inna, suna yin test," yake ce mata. "Su karɓi fitsari a kwalba. In sun ga wani abu, sun kore ni."

"Mutanen da suka rasa aikin yi sai bin fitsarin ɗan mutane," in ji ta. "Ganye ne hwa, ɗana. Ganyen Allah."

Ana saura mako guda a yi gasar ƙarshe da zai iya samun gurbin zuwa Olamfik, mura ta kwantar da shi. Ƙirjinsa ya cushe, tari ya hana shi hawa bene ba tare da ya tsaya ba. Duk da haka ba ya shan komai sai ruwan zafi da lemon tsami da zuma. Balki ta kalle shi yana rawar sanyi, tausayi da haushi suka kama ta.

A gidan da ta tashi ba a gardama da yaro a kan magani. A kunu ake zuba masa, a ƙara tsamiya da sukari, ya sha ya warke bai sani ba. Haka aka yi mata, haka ta yi wa 'ya'yanta biyar, ba wanda ya mutu. Tana da wani garin maganin sanyi da wani ɗan kasuwa ya kawo mata, a leda mai ƙyalli da hoton ganye a jiki. Tun daga Laraba ta fara barbaɗa masa a kunun safe, ta tsaya a kansa har ya shanye.

Maganin kuwa ya yi aiki, har ya wuce yadda ta zata. Ranar Asabar ta rufe shago, abin da ba ta yi sai ranar salla, suka tafi filin wasan da ke tsibirin tsakiyar kogi. Bindiga ta tashi. Kafin ta gama gyara mayafinta an gama. Kebba ya zo na biyu, amma lokacin da ya yi ya kai abin da ake nema. Ya faɗi ya yi sujada a kan layin gudun, ya tashi yana kuka da tutar ƙasarsa a kafaɗa. Da wani mutum ya zo ya tafi da shi wajen kwalbar nan, Balki dariya ta yi. Su je su auna, in ji ta a ranta, sai dai su ga gero.

Ba gero suka gani ba. Bayan 'yan makonni, da rana tsaka yana taya ta sauke buhunan shinkafa, aka kira shi a waya. Ya saurara, ya zauna a kan buhu. An ga wani sinadarin ƙara ƙarfi a fitsarinsa, irin wanda marasa tsoron Allah ke cakuɗawa cikin garin ganye don a ce maganinsu na da kyau.

Lauyar da kocinsa ya samo ta zo har gida ta yi bayani dalla-dalla. In aka nuna ta inda abin ya shiga jikinsa, kuma ba da saninsa ba ne, hukuncin zai yi sauƙi sosai. In ba haka ba, shekara huɗu. Amma ana bukatar maganin kansa, da wanda ya ba shi, ya tsaya gaban kwamiti da sunansa da adireshinsa.

Bizar Balki kuwa ta ƙare fiye da shekara goma, maganin bayan kanta ba shi da izinin kowa, ga 'yan mata biyu da ta haifa a nan, Salima da 'yar'uwarta, suna makaranta. Da lauyar ta fita, Balki ta ja Harouna kicin ta gaya masa.

"Ki rufe bakinki," ya ce a hankali. "In kika buɗe, jirgi za su sa mu. Su Salima wa za ki bar wa?"

Ta kwana da abin, ya fi ƙarfinta. Da safe ta ɗauko ledar ta ajiye gaban Kebba.

"Ni ce, ɗana. A kunu na sa maka. Tashi mu tai wurinsu in hwaɗa musu."

Ya dubi ledar, ya dube ta. Idanunsa sun yi ja, amma babu mamaki a cikinsu.

"Na sani, Inna. Tun Laraba na ji ɗacin."

"To mi ya sa ka sha?"

"Kina tsaye a kaina kina murmushi. Uwata ma haka take mini a Brikama. Ta yaya zan ture hannunki?"

Ya tashi ya zazzage garin a wurin wanke-wanke, ya saki famfo har ya tafi tas. Ta riƙe masa riga tana kuka tana roƙo, ya ɓamɓare yatsunta ɗaya bayan ɗaya. A gaban kwamiti duk tambayar da aka yi masa amsa ɗaya ya bayar: bai san ta inda abin ya shiga ba. Suka ba shi shekara huɗun cif. A gida Gambiya aka yi ta kiransa mai maguɗi, har mahaifiyarsa ta daina zuwa kasuwa.

Bai bar gidan ba, bai kuma taɓa ɗaga mata murya ba, wannan ne ma ya fi yi mata ciwo. Da ya zage ta, da ta samu sauƙi. Ya samu aikin jidar kaya a wani sito, takalman gudun kuma ya ba wa wani maƙwabci. Balki ta kwashe magungunan bayan kanta ta zubar, ba wanda ya sa ta.

Wata safiya cikin watan Agusta, ana tsaka da gasar Olamfik a Rio, tana ɗaga ƙofar shago ta hango shi zai tafi aiki. Bas ta riga ta tsaya a tashar da ke ƙarshen layi, tana shirin rufe ƙofa. Mutane suka kwasa a guje, har wata tsohuwa mai jaka biyu ta ruga ta samu shiga. Tsakaninsa da bas ɗin bai kai rabin abin da ya saba cinyewa da numfashi ɗaya ba.

"Kebba, ruga!" ta ƙwala, ba ta san lokacin da ya fito daga bakinta ba.

Ya waiwayo ya ɗaga mata hannu. Sannan ya ci gaba da takawa a hankali, bas ta tashi ta bar shi.