Gurbin Muryar Inna Tabawa

Musbahu makaɗi ne, in ta bakinsa za a bi. In ka tambayi mutanen unguwar Biafra kuwa, za su ce maka ɗan Tabawa ne da boko ya juya wa kai, yake yawo da na'ura yana naɗar hayaniya. Kukan birkin motocin haya na gbaka a 220 Logements, ƙarar masu walda a Treichville, ƙugin jiragen ruwa, duk sai ya kwaso ya kai ɗakinsa na Adjamé, ya yi ta jujjuya su a kwamfuta har su zama abin da yake kira kiɗa. Turawa kan gayyace shi, su zauna su rufe ido suna gyaɗa kai. A gida kuwa babu wanda ya taɓa jure sauraron ko ɗaya har ƙarshe, kuma abin yana ci masa rai, ko da yake ba ya faɗa.

Yana da ƙa'ida guda da yake taƙama da ita: muryar mutum ba ta shiga aikinsa. Duk inda wani ya yi magana sai ya datse wurin ya goge, ko ajiyewa ba ya yi.

Da damina Allah ya yi wa mahaifiyarsa rasuwa. Bayan an watse daga zaman makoki, ƙanwarsa Ni'ima ta kira shi a waya.

"Yaya, kai da ke naɗar komai, turo mana muryar Inna, s'il te plaît, don Allah. Wallahi har na fara manta yadda take kiran sunana."

"Ba matsala, ina da ita da yawa," in ji shi.

Ai kuwa ya sha zama a tsakar gidansu yana naɗar dakan furar da take yi. Ya kulle ƙofa, ya toshe kunnuwansa da abin sauraro, ya shiga buɗe naɗe-naɗen ɗaya bayan ɗaya. Ga turmi, ga taɓarya, ga tafin da take yi in ta cilla ta sama. Har kazar maƙwabta tana nan, ita ba a kore ta ba. Inna ce kaɗai babu.

A naɗin ƙarshe daka na tafiya, sai ya yanke, shiru ya ɗan ratsa, sannan ya ci gaba. Musbahu ya san abin da ke wurin da. Nan ne Inna ta tsaya ta ce ya ajiye wannan shirmen ya zo ya sha fura, shi kuwa ya ɓata rai ya ce ta lalata masa aiki.

Wayarsa na ta haske da sunan Ni'ima, bai ɗauka ba. Ya mayar da naɗin baya, ya jira shirun ya zo.

"Na'am, Inna," ya ce. "Ga ni nan zuwa."

Taɓarya ta ci gaba da daka.