Ƙafar Mu'azu a Rumfar Albasa

Alhaji Uwaisu ya hana Mu'azu masunci shiga rumfarsa ta albasa.

Bai aiki kowa ba. Da bakinsa ya faɗa, a ƙofar masallaci bayan la'asar, gaban jama'a. Ya ce ranar zuba albasa kowa ya zo, akwai fura akwai tuwo, amma ban da Mu'azu.

Mu'azu ya tsaya da takalmi ɗaya a ƙafa, ɗaya a hannu.

"Ni, Uwaisu?"

"Kai."

"Mi na yi maka?"

"Ba ka yi komi ba. Ƙafarka ce ba ta karɓi albasa ba."

Aka yi dariya. Mu'azu bai yi ba. Ya sa takalminsa ya tafi.

Tare aka yi musu kaciya, tare suka koyi iyo a gulbin Rima. Uwaisu ya bi lambu, Mu'azu ya bi ruwa kamar ubansa. Har suka yi furfura tabarma ɗaya suke zama a gindin dogon yaro da ke bakin kasuwa. Tun daga wannan la'asar Mu'azu ya naɗe tabarmar, don tasa ce, ya koma majalisar masu facin babur.

Rumfar tana kan hanyar da ta taso daga gulbi ta shiga gari, a wani ƙauye kusa da Kwargaba. Ta kara ce da jinka, an ɗaga ƙasanta da itace don iska ta ratsa. A nan Alhaji yake jibge albasa idan an cire ta da bazara, ya bar ta har ta yi daraja, sannan ya kira masu mota. Wata shekara ta kai lafiya. Wata shekara kuma ya buɗe ya tarar ta yi ruwa, wari har bakin hanya.

Alhaji ya zauna ya yi tunani, ya gano dalili. Bara Mu'azu ya shiga rumfar, albasa ta ruɓe. Shekarar da gada ta karye ya shiga, ta ruɓe. Shekarar auren 'yarsa Sharifa ma haka. Magana ta ƙare.

A cikin gida Tani, matarsa, ba ta ga ta ƙare ba. Ta ajiye masa tuwo da miyar kuka fayau.

"Ina kihi?" in ji shi.

"Ka kore shi a ƙofar masallaci."

Ya jawo kwano ya ci haka nan.

Aka zuba albasa ba Mu'azu. Aka sha fura, aka watse. Alhaji ya koma zama shi kaɗai a gindin dogon yaro bisa buhu, yana jan carbi, yana jin dariyar Mu'azu daga wajen masu faci. Bai gaya wa kowa abin yana cinsa ba.

Ana haka Sharifa ta zo ganin gida. Ita ce babbar 'yarsa, malama ce a wata makarantar 'yan mata a Rabah, da 'ya'yanta uku. Tun kafin ta kwance mayafi uwar ta zayyana mata komai. Da hantsi ta fito tsakar gida da wani littafi mai koren bango da ta saya a Sakkwato, ta zauna nesa kaɗan da inda mahaifinta ke gyaran igiyar jaki.

"Baba, in karanta maka wani abu?"

"Na addini ne?"

"A'a. Na tunani ne. Shina nuna hanyoyin da hankali ke yaudarar mai shi. Mutum shi ga kamar ya kama gaskiya, alhali ya zame."

"Da wane harshe?"

"Turanci. Ina juya maka."

"Bature ya taɓa dashen albasa?"

Sharifa ta buɗe wani shafi ta sa yatsa. "Wannan ma shina ciki, Baba. Ka ƙi magana don wanda yaf faɗe ta, ba ka ko ji mi tac ce ba."

Tani ta yi dariya daga wajen murhu. Alhaji ya juya ya dube ta, ta ci gaba da hura wuta.

"Na san inda kika dosa," in ji shi. "Maganar Mu'azu ce. To ba ni kaɗai ba. Tambayi majalisa, kowa ya yarda."

Ta juya shafi. "Shina ciki. Yawan masu faɗi ba shi mai da magana gaskiya. Kuma waɗanga da sunka yarda, furarka sunka sha."

"Mahaifina ya kan ce akwai masu ƙafa."

Ta sake juya shafi, ta ɗago kawai ta dube shi.

"Shi ma shina ciki?"

"Shina ciki, Baba."

Ya ajiye igiyar. "Wanga littahi, wa yab ba su labarina?"

Tani ta kasa riƙewa, sai da ta shiga ɗaki.

Sharifa ta jira uwar ta yi shiru, sannan ta rage murya. "Wanda nike son ka ji shi ne wannan. Abu biyu su zo tare, sai mutum shi ce na farko ne ya haifi na biyu. Alhali wataƙila akwai na uku a ɓoye da ya kawo su duka. Duk sanda anka yi ruwa kwaɗi suna kuka, hanyar kasuwa kuma tana caɓewa. Kwaɗi ne ke caɓa hanya?"

"Kada ki mai da ni yaro."

"Allah shi huci zuciyarka. Tambaya ɗaya. Bara da Baba Mu'azu yas shiga rumfa, yaya tufafinshi?"

"Mi ya haɗa ni da tufafinshi?"

"Ka dai tuna."

Alhaji ya tuna. Rigar ta manne masa a baya, komar kamun kifi a kafaɗa tana ɗiga, yana ta tsalle kamar zakaran da aka watsa wa ruwa.

"Jiƙe," ya ce.

"Shekarar gada fa?"

"Ai ranar hadari yat taso mashi daga gulbi. Ina zai tsaya? Babu wata inuwa a hanyar sai tawa."

"Ranar da kunka dawo daga kai kayan aurena ma ruwa anka yi, na tuna. To ya taɓa shiga ba ruwa?"

Tani ta leƙo daga ƙofa. "Ya taɓa. Ran da yaz zo faɗin haihuwar jikanshi. Rana tsaka, ƙasa na ƙuna. Har cikin rumfa ya same ka. Shekarar nan ba ko ɗaya da ta ruɓe, kai da kanka kac ce ba ka taɓa ganin irinta ba."

"Bai daɗe ba ranar," in ji Alhaji.

Sharifa ta kai hannu ga shafi.

"Kada ki juya!"

Ta janye hannun.

"Na sani. Shina ciki."

Ya tashi, ya kakkaɓe riga, ya ɗauki hularsa. Bai ce ina za shi ba, ba wanda ya tambaye shi.

Rumfa ya nufa. Ya zagaya ta gabas, inda hadari ke bugowa, ya taka wani kututture ya cusa hannu cikin jinka. Ciyawar ta ruɓe, ta zube masa a hannu kamar dussa. Ya shiga ciki ya ɗaga kai, ya ga rana ta ratso ta ramuka, tana sauka daidai kusurwar da ruɓa ke farawa kullum. Ya daɗe tsaye. Jinkar nan tun tana sabuwa bai ƙara duba ta ba, yana can yana duban ƙafar mutane.

Da ya dawo gida, Sharifa ta tarbe shi da ruwa.

"Baba, mi ka gani?"

"Jinka ta tsufa. Dama ina da niyyar sake ta."

"To."

"Ba littahinki ne yag gaya mani ba."

"Ko kusa, Baba."

Ya sha ruwan. Ya miƙa mata kofin yana kallon wani wuri. "Wancan na ukun, mai ɓoyewa. Sake faɗa mani shi yadda zan riƙe."

Ta faɗa masa har sau biyu. Ya maimaita a ransa, yana kaɗa kai.

Washegari da sanyin safe ya cika ƙaramin kwando da albasa, manya masu jan ɓawo, ya ɗora wa jaki ya gangara gulbi. Ya tarar da Mu'azu zaune a kan kifaffen kwale-kwale yana ɗinke koma, babban yatsan ƙafa na riƙe da zare.

"Salamu alaikum."

"Wa alaikumus salam. Tsaya nan, Alhaji, kada in lalata maka kaya. Ga ƙafata a waje."

"Bar wannan."

"Ni na fara?"

Alhaji ya sauke kwandon ya zauna a ɗaya ƙarshen kwale-kwalen. Ya yi gyaran murya.

"Na yi bincike. Ba kai ba ne."

"Ashe."

"Ruwa ne. Ruwa ke koro ka cikin rumfa, ruwan nan kuma ke bi ta jinka shi ruɓar da albasa. Abu biyu ne sunka zo tare, na uku na ɓoye. Mutanen da ba su da zurfin tunani sai su ɗora maka."

Mu'azu ya ajiye allura. "Su wa ke nan?"

"Mutane dai."

"Wani dogo mai jar hula, mai tsayawa ƙofar masallaci?"

Alhaji ya gyara hularsa. "A ƙofar masallacin zan warware. Yau da la'asar, gaban waɗanda sunka ji."

Mu'azu ya dube shi, ya ga da gaske yake. Sai dariya ta ƙwace masa har kwale-kwalen na motsi. Ya jawo kwandon, ya ɗauki albasa ɗaya ya jinjina ta a hannu.

"Kai, Uwaisu. Wa yak koya maka wagga magana? Ba taka ba ce."

"Karatu ne."

"Kai da ko sunanka sai an nuna maka inda za ka dangwala?"

"Sharifa ke da littahin. Ni na gane shi."

Mu'azu ya kira wani mai jan taru ya ce a zaɓo manyan tarwaɗa a kai gidan Alhaji, a ce wa Tani ta yi haƙuri da miyar kuka. Ya ce tabarma ma yau za ta koma gindin dogon yaro, don masu facin nan ba su da zance sai na taya.

Alhaji ya ji sanyi a ransa, amma bai nuna ba. Ya miƙe.

"To jibi za a sake jinka. Ka zo. Ina so ka shiga rumfar gaban kowa, ka zauna, a kawo maka fura a ciki."

Mu'azu ya koma ga ɗinkinsa. "Wannan kam a'a."

"Ba ka huce ba?"

"Na huce sarai. Amma ni ma na yi nawa bincike tun da ka kore ni. Duk ran da na shiga wagga rumfa taka, sai na kwana da mura, gwiwa ta riƙe. Bara haka. Shekarar gada har asibitin Wurno anka kai ni. Bana ban shiga ba, ga ni garau. Albasarka ce ba ta karɓe ni ba."

Alhaji ya koma ya zauna.

"Mu'azu. Yaya tufafinka ranar?"

"Mi ya haɗa ka da tufafina?"

"Jiƙe suke! Ruwa ya dake ka tun daga gulbi, ka tsaya cikin iska da jiƙaƙƙiyar riga. Ina mura ba za ta kama ka ba? Bana kuma ko ɗigo ba a yi ba tukuna. Shi ne na ukun, mai ɓoyewa!"

"Ni a ruwa anka haife ni. Ruwa bai taɓa sa ni mura ba."

"Ran da kaz zo faɗin haihuwa fa? Ka shiga, ka fita lafiya."

"Ban daɗe ba ranar."

Alhaji ya buga cinya. "Shina ciki! Wallahi wannan ma shina ciki!"

"Cikin mi?"

"Littahin! Tashi mu tahi gida, Sharifa ba ta koma ba. Ta buɗe maka shafin ka ji da kunnenka."

"Bature ya taɓa yin mura a Rima?"

"Wannan ne na farko ma! Tashi!"

Mu'azu ya ja zare da haƙori ya tsinke shi, ya tofar. Ya ɗaga komar ya duba ta a rana, ya ninke.

"Gidanka zan zo. Tuwonka zan ci. Ɗiyata Sharifa ta karanta mani har bangon baya, ina saurare. Amma rumfa, Uwaisu, ko da sabuwar jinka, ba ni shiga."