Tabkin Da Aka Rubuta Gona

Tabkin Maiƙaya, gabas da Kalgo, wata takwas yake yi da ruwa, wata huɗu a bushe. Malam Basharu mai awon ƙasa kuwa bai tashi zuwa ba sai cikin wata huɗun nan. Daga kan dokinsa ya hango mutane sunkuye da fartanya, ya rubuta "gona", ya wuce. A zamanin nan ba a san ma'aikaci da saukowa don tambaya ba.

Mutanen nan gaiwa suke haƙa. Ita wannan kifanya idan ruwa ya janye sai ta shige laka ta naɗe, ta yi kwanciyarta har damina. Tambari, wanda ya gaji kula da tabkin daga ubansa, shi ke nuna inda za a haƙa, kuma bai taɓa bari an taɓa tsakiya ba, don iri ya saura.

Shekara uku rubutun na kwance bai dami kowa ba. A 1954 aka yi shela cewa motar noma za ta kafce duk gonar fadama da ke cikin takarda, a shuka shinkafa. Tambari ya san garmar ƙarfe ba ruwanta da tsakiya. In ta ratsa sau ɗaya, gaiwa ta ƙare.

A Kalgo akawu ya ce wanda ya rubuta shi ke gyarawa, kuma an mai da shi Gwandu. Tambari ya haƙo curin busasshiyar laka, ya ɗaura wa jaki, ya yi kwana biyu a hanya.

Ya iske Malam Basharu a zaure yana fiƙe fensir.

"Allah shi gafarta Malam, wurin ga da kar rubuta gona, tabki na."

"Baba, abin da nag gani shi nar rubuta. Mutane da hwartanya."

"Kihi muka haƙa."

"Ba a haƙar kihi."

Tambari ya roƙi kwatarniya da ruwa, ya tsoma curin, suka zauna. Aka yi Azahar, aka ci fura. Wajen La'asar lakar ta jiƙe, gaiwa ta miƙe, ta kaɗa wutsiya ta watsa wa Malam ruwa a riga.

Malam Basharu ya dube ta, ya goge rigarsa. "To, ba gero ba ta."

Ya ɗauko takarda ya shimfiɗa a tabarma. Mutumin kirki ne, jahilcinsa na kifi ne kawai.

"Ga matsala, Baba. Gida ukku ag ga takardag ga: gona, gari, daji. Wanda yat tsara ta bai yi ma tabki gida ba."

"Sa gari."

"Sai da ɗaki goma da mai unguwa."

"Sa daji."

"Dajin wajenku duka an keɓe shi. In nas sa, mota ba ta shiga. Kai ma ba ka shiga da hwartanya. Ba a sara, ba a haƙa, kuma da mai tsaro."

Tambari ya dubi kwatarniya. Shekara sittin yana cin gaiwa da bazara, lokacin da rumbu ke ƙasa kuma miya ba ta da komai. Ya tuna gidaje goma sha biyu da ke jiransa da labari. Abin ya yi masa ciwo ƙwarai.

"Sa daji."

Malam ya soke, ya rubuta, ya sa hannu.

Motar noma ta zo ta kewaye tabkin, ta tafi. Maƙwabta suka daina gaishe da Tambari, ban da biyu.

Bazarar da ta biyo, ruwa ya janye, laka ta tsage. Mai tsaron daji, wani saurayi mai gajeren wando, ya iske tsohon zaune a bakin tabki hannu wofi.

"Baba, mi kaka nema nan?"

"Ba komi. Suna ciki?"

Saurayin ya dubi busasshen fili. "Su wa?"

Tambari ya tashi ya kaɗe rigarsa. A gida matarsa Binta ta ajiye masa tuwo da miyar kuka tsura. Ya wanke hannu ya cinye.