Dogon Benci a Lambun Sista

Da Injiniya ya yi ritaya, matarsa Sista, wadda ita ma ta ajiye aikin jinya, ta ɗauka yanzu ne za ta samu mijinta. Ina. Yana kurɓe shayin safe sai shagon aski na bakin titi, wurin abokansa, a yi ta musun ƙwallo har rana ta faɗi. Mutumin da gashin kansa bai cika cokali ba, shi ne kullum a shagon aski. Abin yana yi mata ciwo, don ta gaji da cin abinci daga ita sai rediyo.

"Baban yara, wai me ke shagon nan da babu a gidanka?"

"Wurin zama," in ji shi. "Dubi bayan gidan nan, ciyawa ce zalla kamar filin makaranta. In tsuguna a kai ne?"

Ai kuwa ya faɗa a kunnen mai ji. Sista ta kira mai sayar da furanni, suka zagaya filin tana nuna masa da sandar tsintsiya. Aka ɗaye ciyawar gefen katanga, aka zuba taki, aka jera bulo, aka dasa furanni iri-iri. Aka shimfiɗa tsakuwa daga ƙofar kicin zuwa inuwar bishiyar lemo. Kujeru biyu ta ce wa kafinta ya yi. Shi kuwa da ya ga katako ya ragu, sai ya ce, "Mama, bari in haɗa miki dogon benci ko don baƙi. Kyauta ne." Wa ke ƙin kyauta? Ta amince.

Dabara ta ci, har ta wuce gona da iri. Injiniya ya zauna, ya miƙe ƙafa, ya ce wannan daɗi bai kamata mutum ya ji shi shi kaɗai ba. Washegari sai ga shi da mai aski da tsohon direban bas da wani mai yawan tari. Kafin mako ya zagayo, shagon aski kacokan ya taso ya dawo lambun. Benci ya cika, kujerar Sista ma direba ya gaje ta. Ita kuwa ta koma jigilar shayi, tana hango furanninta ta tagar kicin. An gudu ba a tsira ba.

Ran nan bayan baƙi sun watse, tana tsince ɓawon gyaɗa daga cikin furanni, Injiniya ya ce, "To Sista, kin ga yanzu kullum ina gida. Ba abin da kike so ke nan ba?"

"Gida ya same ka, ni ban same ka ba," ta ce, ko ɗagowa ba ta yi ba. "Kujeru biyu na sa a yi. Ka taɓa tambayar ta biyun ta wace ce?"

Ya kalli kujerun biyu, ya juya ya kalli bencin.

Da safe ta ji nishi a tsakar gida. Ta leƙa, sai ga Injiniya da mai aski sun kinkimi bencin suna neman hanyar fita da shi. Wai kyauta ce ga shago, nasu ya tsufa.

Da yamma ya zauna a kujera ɗaya, ya bubbuga ɗayar da tafin hannu. Ta zo ta zauna. Sai a lokacin ta gane sun yi shekaru rabonsu da hirar da ba ta yara ba, har ba su san ta inda ake farawa ba. Tsoro ya kama ta kada ya gaji ya miƙe. Injiniya ya yi gyaran murya, ya duba hagu, ya duba dama, can ya nuna wani fure da leɓe.

"Wancan jan, yaya sunansa?"

Ita ma ba ta sani ba. Amma ta gyara zama, ta ce, "Kada dai ka tashi. Labarinsa da tsawo."