Ruwan Baba Na Sama

Shagona na ɗinki yana ƙasan bene, daidai ƙarƙashin barandar wani tsoho da duk layin ke kira Baba Na Sama. Tun rasuwar matarsa shi kaɗai yake zaune, daga shi sai tukwanen furen da ya jera a bakin baranda. Wani fure ne mai ganye mai sheƙi da yake kira binka, wasu farare, wasu jaja-jaja. In ya ba su ruwa, abin da ya tsiyaye ta gindin tukwanen a kan rumfata yake sauka, ɗis, ɗis, daga nan ya gangaro kan igiyar da nake rataye kayan da na goge. Ni kuwa ba a yi rabon haƙuri da ni ba.

Da can abin da sauƙi, don ba kullum yake yi ba. In na ɗaga kai na yi masa tsiya, sai ya leƙo yana dariya ya ce, "Tela, sanyi nake aiko miki kyauta, kina raki." Ya taɓa saukowa da tukunya ɗaya ya nuna mini yadda ake yi. "Binka ba ya son shagwaɓa," in ji shi. "Ki sa yatsa a ƙasar. In kin ji danshi, ki ƙyale shi. Yawan ruwa ne ke kashe shi, ba ƙishi ba."

To mutumin da ya faɗa mini wannan shi ne a 'yan kwanakin baya ya koma ban ruwa ba ji ba gani. Da safe ruwa, kafin azahar ruwa, da la'asar ma ruwa. Ranar da ya jiƙa mini farar rigar wata mata da ke tsaye tana jiran kayanta, na fito tsakiyar layi na riƙe ƙugu.

"Baba! Fure kake raino ko kifi kake kiwo? Yau sau nawa ke nan?"

Ya leƙo da buta a hannu. Na jira ya rama kamar yadda ya saba, ban ji komai ba. Ya dube ni, ya dubi butar, ya koma ciki.

Washegari na buɗe shago, rumfa a bushe. Na ce madalla, magana ta yi amfani. Rana ta ɗaga, shiru. Ba ɗis ɗin kaɗai na rasa ba, babu jan kujerarsa, babu tarinsa, babu rediyon nan da ke hana ni jin abin da masu kaya ke faɗa. Na kama ɗinki, sai na ga na haɗa hannun riga a bai-bai. Na farke, na sake, zare ya tsinke. Duk bayan ɗan lokaci sai in tsayar da keke in kasa kunne. Gaskiya tsoro ya kama ni. Tsoho shi kaɗai a gida, ga banɗaki mai santsi, ga matakala.

Na fita na ɗaga murya, "Baba Na Sama! Fushi ake da ni?" Ko labule bai motsa ba.

'Yarsa, wadda ke aure a wani gari mai nisa, ta taɓa ba ni lambarta saboda ko da wani abu. Na kira, ta yi ta ringi ba a ɗauka ba. Na sake kira, haka. Sai na ja ƙofar shago na hau sama ina ta salati.

Makulli na tarar a jikin ƙofa ta waje. Na ƙwanƙwasa, na yi sallama, sannan na tura. Ƙaurin abin da ya ƙone ya tare ni, ba sabo ba, wanda ya kwana. Falo tsaf, gado a gyare, ba kowa. Na leƙa banɗaki da ido ɗaya a rufe, nan ma ba kowa.

A baranda na same shi, zaune a ƙasa ya jingina da bango, ya rungume buta cike da ruwa. Da na ga ƙirjinsa na motsi sai na zauna ni ma.

"Haba Baba! Ka kusa kashe ni. Ina ta kira, ba ka ji ba?"

"Na ji," ya ce. "Tela, na ba su ruwa yau?"

"Ba ka ba su ba. Rumfata a bushe take."

"Kin tabbata? Tun da gari ya waye nake nan. In na ɗaga butar sai in ji kamar na riga na zuba. In na ajiye sai in ji kamar ban zuba ba."

Na dubi furannin. Ganyen ya yi rawaya, ya langaɓe, wasu sandunan sun yi baƙi daga tushe. Na sa yatsa a tukunya ɗaya, ya nutse cikin caɓi mai wari. A bayan tukwanen kuma, an tura ta can lungu an rufe da tsumma, ga tukunyar girki ta ƙone ƙurmus, har mariƙinta ya narke.

Ya ga inda idona ya tsaya. "Ta jiya ce," ya ce. "Akwai wata ma. Ita na jefar."

"Baba, a kan wuta ka manta ta?"

"Da kika ce sau nawa, wallahi na ɗauka na farko ne." Ya dubi butar da ke hannunsa. "Ban ruɗe ba fa. Na san ke, na san gidana. Kawai wani abu ne yake zamewa."

Wayata ta ɗauki ƙara a hannuna. Ya ga sunan 'yarsa ya fito, ya kama bakin mayafina.

"Kada ki faɗa mata. Don Allah, 'yata. Da ta ji, ɗauke ni za ta yi. Can ba baranda, ba wanda na sani, ɗaki za a ba ni kamar baƙo. A nan uwarta ta rasu. Ki ce furanni ne ba su da lafiya, shi ya sa kika kira. Ai ba ƙarya ba ne."

Ba ƙarya ba ne kam. Na so in yi masa, har ga Allah na so, don tausayinsa ya cika ni. Na fara lissafi a raina: zan riƙa hawowa da safe, zan karɓi ban ruwan, zan kawo masa abinci. Amma da yamma rufe shago nake in tafi gida wajen iyalina, in bar shi da gas da ashana. Wayar na ta ƙara, shi kuma bai saki mayafin ba.

Na ɗauka.

"Yaya, lafiya? Na ga kiranki, gabana sai faɗuwa yake. Baba ne?"

"Ga shi nan kusa da ni, da ransa da lafiyarsa," na ce. Na ji yatsunsa sun ɗan sassauta. "Amma ki zo. Kada ki bari sai ƙarshen wata. Ya fara mantuwa, kuma har ta kai ga wuta."

Ta fashe da kuka. Ya saki mayafina, ya ajiye butar a hankali, ya juya fuskarsa ga bango.

Ta zo a makon nan. Kafin su gama haɗa kaya abin ya ƙaru, har ya tsaya a bakin layi yana tambayar ina ne gidansa. Na yi ta fata a raina abin da na yi masa ya bi sauran abubuwan da yake mantawa ya zame. Ranar tafiya ya bi shaguna yana sallama da kowa, har da mai gyaran waya da ba su taɓa shiri ba. Da ya iso ƙofata na fito na durƙusa na ce, "Baba, Allah ya kiyaye hanya." Ya dube ni sosai, ya gane ni sarai, ya wuce ya shiga mota.