Hoton Watan Yuli

Kerrin Vella tana da shekara goma sha tara lokacin da wani mai ɗaukar hoto ya shigo shagon babanta a Port Kembla sayen soyayyen kifi da dankali, ya tsaya yana kallonta har dankalin ya huce. Kafin shekara ta zagayo, hotonta sanye da kayan ninkaya ya hau kalandar wani kamfanin tayoyi, babu garejin da ba a rataye ta ba daga Wollongong har Cairns. Mujallun maza suka biyo baya. Babanta Salvu, wanda ya baro Malta da akwati ɗaya tak, ya yi shekara biyu bai ce mata ci kanki ba.

Daga nan aka ɗauke ta nas a wani wasan kwaikwayon talbijin na asibiti. Aikinta kawai ta miƙa wa likita takarda ta yi murmushi. Amma ko ranar da ba a neme ta ba sai ta je, ta sami kujera a gefe, tana lura da yadda tsofaffin 'yan wasa ke jan numfashi kafin su buɗe baki. Cikin shekara shida nas ta zama shugabar sashe, ranar da aka kashe ta a labarin kuwa sai da mata suka riƙa tare ta a kanti suna yi mata ta'aziyyar kanta. Bayan wannan ne aka ba ta shirin safe a wani gidan talbijin a Sydney, ta riƙe shi shekara ashirin.

Mako guda kafin bikin cikar shekarun, Brodie, mai tsara shirin, ya shigo ɗakin kwalliya yana washe baki, ya baje tsofaffin hotuna a gabanta.

"Kerrin, kin ga abin da muka tono! Ranar Juma'a za mu watsa su a babban allo, Warwick ya ɗan tsokane ki, kowa ya yi dariya."

Warwick shi ne abokin gabatarwarta. Kerrin ta ɗauki hoto ɗaya ta daɗe tana kallo.

"Lokacin da aka ɗauki wannan, kai ko haƙori ba ka fitar ba."

"Shi ya sa ma! Tarihi ne."

"Bari in yi tunani," in ji ta.

Ba kunya take ji ba, ta daɗe da wuce nan. Abin da ya tsaya mata a rai, duk ministoci da marubutan da ta yi hira da su, da ranar da ta yi awa tara a tsaye tana kawo rahoton gobarar daji, ashe duk ba su ture takardar kalanda guda ba.

Ranar Asabar ta tuƙa mota zuwa Port Kembla. Ta tarar da baban a bayan gida yana ɗaure tumatir a jikin kara.

"Baba, ranar Juma'a za su nuna hotunan nan."

"Waɗanne?"

"Ka san waɗanda nake nufi."

Ya ci gaba da ƙulla igiya. "Ni ban taɓa ganin ko ɗaya ba."

"Haba Baba, duk garin nan?"

"Shekara goma sha ɗaya ban kai mota gareji ba. Ke kin ɗauka don sha'awa nake kwanciya a ƙarƙashinta ina gyara duk Lahadi?"

Dariya ta ƙwace mata, sai kuma ta maƙale. Ba ta taɓa sanin haka ba.

"Na yi fushi da ke, kada in yi miki ƙarya," in ji shi. "Amma abin da ya fi ci mini rai, mutum ya ambaci sunanki ya ƙifta mini ido, ni kuma in barbaɗa wa kifinsa gishiri in ce na gode. Kaina na kasa yafe wa, sai na huce a kanki." Ya share hannu a wando. "Nuna abinki, 'yar nan. Kawai kada ki zauna kina murmushi wani yana ba da labarinki."

Ranar Juma'a hoton ya cika allo. Warwick ya gyara murya zai fara, Kerrin ta dafa hannunsa.

"Dakata, Warwick, ni na san yarinyar nan. Wannan watan Yuli ne, tsakiyar sanyi a ƙasar nan. Awa huɗu ta yi a cikin ruwa, leɓenta ya koma shuɗi, sai da aka shafa jan-baki sau uku. Wannan kallon da maza suka ce na yanga ne, agogon mai hoto take leƙe kada jirgin ƙasa ya bar ta. Babu wanda ya tambaye ta ko tana jin sanyi. Ba ta san komai ba, amma ba ta taɓa makara wurin aiki ba, ita ce kuma ta kawo ni kan kujerar nan. Na gode mata."

Warwick ya duba takardarsa, ya kife ta.

Tana fita wayarta ta yi ƙara.

"Na gani," in ji Salvu. "Kai, kin rame a lokacin! Wa ke ba ki abinci?"

Wasiƙu suka yi ta zuwa, yawanci daga mata sa'o'inta, amma hakan bai hana gidan talbijin ɗin kawo sabuwar fuska a madadinta a shekarar da ta biyo baya ba. Kerrin ta yi wata biyu tana farkawa da asuba ba ta san inda za ta nufa ba. Daga bisani ta karɓi shirin rana a wani ƙaramin gidan rediyo a Wollongong, kusa da baban. Baƙonta na farko wani tsohon ma'aikacin kamfanin ƙarfe ne da ya koma kiwon zuma. Minti goma aka ware masa, ta bar shi ya yi arba'in.