Dija da Wasiƙun Sarauniyar Rasha

Daminar nan, babu maganar da ta cika bakin matan Cadakori kamar ta sarauniyar Rasha. Tushen abin kuwa Dokta Chindo ne, tsohon likitan dabbobi wanda ya yi karatu can ƙasar Rasha tun yana saurayi. Da ya bar aiki, sai ya samu fili a radiyon ƙauye, duk Juma'a bayan la'asar yana ba da labarin sarkinsu na ƙarshe da wasiƙun da shi da matarsa suka riƙa aika wa juna lokacin yaƙi.

A gidan Mariyama mai ƙuli-ƙuli ake haɗuwa, don radiyonta ya fi na kowa ƙara. Dija, 'yar Fulanin ruggar bayan gari, takan sayar da nononta da wuri ta zo ta raɓe gefen turmi, ba ta cewa uffan, amma ko tari Dokta ya yi sai ta ji.

Ranar nan Dokta ya ce sarki ya tafi wajen sojojinsa, ya bar sarauniya da 'ya'yansu a fada. Ya ce kusan kullum sai ta rubuta masa, tana kiransa da sunaye masu daɗi, wani sa'in ta shafa wa takardar turare, ta sa ɗan fure a ciki.

"Ku ji mata," in ji Mariyama, tana murza ƙuli-ƙuli. "Mutum na cikin harbin bindiga, ke kina aika mai da haki. Da kilishi ta aika da na ce ta san miji."

"Ke dai hassada gare ki," in ji Halima maƙwabciyarta. "Naki ko kwanan Maraɗi ya yi, mi kike aika mai?"

"Sautun gishiri."

Aka kwashe da dariya. Dija ma ta yi, amma zuciyarta na can wani wuri. Mijinta Mumuni ya bi shanu arewa, wajen Gadabeji, tare da mahaifinsa Baffa Usaini da wansa Habu. Kafin su tashi ya gaya mata cewa in damina ta yi nisa, daga can zai wuce Aljeriya neman aiki, ba zai biyo ta gida ba. Bayan tafiyarsu ne ta gane tana da ciki, na fari. Ta tabbata in ya sani ba zai tafi ba. To amma ta yaya zai sani? Wayar salula guda ce a ruggarsu ta arewa, ta Habu, kuma in saƙon murya ya zo, a gaban kowa ake kunna shi, Baffa na zaune bisa buzunsa yana saurare. Ita da ko sunan mijinta ba ta iya faɗa, ina za ta buɗe baki ta ambaci ciki a kunnen surukinta? Takarda kuma, shi bai yi lakol ba balle ya iya karatu, wani ne zai karanta masa.

Juma'ar da ta biyo, labarin ya yi zafi. Dokta ya ce burodi ya yi wuya a babban birni, mutane suka cika titi, sojoji suka koma bayansu. 'Ya'yan sarki duk suna kwance da ƙyanda. Sarki ya hau jirgin ƙasa zai komo gida, aka tare masa hanya. Sarauniya tana ta aika saƙo, ba ta ma san inda yake ba. Kafin su sake ganin juna, ya riga ya sauka daga mulki.

Mariyama ta bar ƙuli-ƙuli a mai har ya ƙone. Halima tana ta cewa, "Da ya taso tun jiya-jiya, da ya taso." Dija kuwa ji ta yi kamar da ita ake. Ta jira har mata suka watse, ta matso.

"Yaya Mariyama."

"Na'am, Bafillatanata. Yau da baki?"

Dija ta sunkuyar da kai, tana wasa da bakin zanenta. "Furen nan da take sawa cikin takarda. Ai ko bai karanta ba, ya san abin da take nufi ko?"

Mariyama ta dube ta tun daga fuska har ƙasa, ta tsaya a tsakiya, sai ta saki murmushi. "Au, haka ne? Shi ya sa kika daina shan nonon naki, kika koma tsotsar tsamiya. To ke wane fure za ki aika?"

Dija ta ɗago kai. Idonta ya tafi kan igiyar shanya, inda majanyin autan Mariyama yake lilo, farin saƙi mai ratsin baƙi, wanda ake ɗaure goyo da shi.

Mariyama ta tafa hannu. "Wallahi kin fi ta Rasha dabara." Ta shiga ɗaki ta fito da sabo dal, wanda ba a taɓa goyo da shi ba. Suka turara shi, suka naɗe cikin tsumma, suka ɗaure tam. Dija sai dariya take tana rufe baki.

Ranar kasuwa ta sami Hambali, mai motar da ke kai wa makiyaya gishiri da kanwa arewa. Ta miƙa masa ƙullin ta ce na ruggar Baffa ne.

"Na san ruggar. Hannun wa zan sa?"

Sunan ya zo mata har bakin leɓe ya tsaya. Ga maza tsaitsaye suna ɗora buhuna, duk suna ji. Ta ja gyale ta rufe fuska.

"To, na gane," in ji Hambali, ya cusa ƙullin ƙarƙashin kujera, ya tada mota.

Da ta gaya wa Mariyama yadda suka yi, sai Mariyama ta dafe kai. "Dija, Dija. Bai gane komi ba. Hambali in ba a ba shi suna ba, hannun babba yake sa kaya. Tsohon zai ba."

Dija ta zauna daɓas bisa turmi. Abin da ta yi ta gudu, shi ne ta ɗaure da hannunta ta aika. In Baffa ya kwance, da wane ido za ta sake dubansa? In kuma kunya ta sa ya ɓoye ya yi shiru, Mumuni ya wuce Aljeriya ke nan.

Kwanakin nan ko ƙarar babur ɗin kabu-kabu ta ji sai ta leƙa, ko saƙo ne daga arewa. Juma'a ta zo, Dokta ya kai labari ƙarshe: aka tsare sarki da iyalinsa, aka kai su nesa, daga baya aka kashe su duka. Mariyama ta yi kuka har da majina, tana cewa ita fa yaran take ji. Dija ta ɗauki ƙwaryarta ta kama hanyar rugga.

Tun daga bakin gonar gero ta ji kukan saniya, alhali duk shanunsu suna arewa, nonon tallar ma sarowa take. Ta ƙara sauri, sannan ta sa gudu, ƙwarya na karkarwa a kanta. Ga Ɗanwake nan, jar saniyar Baffa da ya fi so, wadda ba ya yarda kowa ya tatsa, ɗaure jikin gawo da ɗan maraƙinta. Ga Mumuni tsugune kusa da ita, ya rame, takalmansa duk taɓo.

Suka gaisa, kowa na duban ƙasa.

"Ni ban san abin da na yi wa Baffa ba," in ji shi. "Na gama shiri, har na yi sallama da mutane. Sai ya kira ni ya ce Aljeriya tana nan inda take, in koro wannan in kawo gida, gida na bukatar nono. Na ce nonon mi? Ya juya mani baya yana ta jan carbi. Kuma na rantse dariya yake."

Ya buɗe jakarsa ya fito da ƙullin. An sake ɗaure shi da igiyar dabaibayi, irin ɗaurin Baffa.

"Ya ce wannan ɓatan hanya ya yi, bai san ko mene ne ba, in maido wa mai shi."

Dija ta karɓa, ta juya shi a hannu. Ƙanshin turaren Mariyama yana nan. Ta ajiye shi bisa gwiwar mijinta.

"Ga mai shi nan," ta ce, da ƙyar ake jin ta.

Kafin ya gama kwance igiyar ta riga ta shige bukka ta ja asabari. Tana leƙe ta tsakanin karan, ta ga ya ware majanyin, ya dube shi, ya dubi saniyar, ya sake duban majanyin. Sai ya miƙe tsaye, ya rasa inda zai nufa, ya je ya rungume wuyan Ɗanwake.